In Kunne Ya Ji, Jiki Ya Tsira: Labarin Bagega Da Masu Ɗaukar Labari

 

Ka sani, ya kai mai karatu, labari amana ne, kamar yadda kuɗin ajiya suke amana a hannun ɗan kasuwa, karatu kuma yake amana a hannun malami. In an riƙe shi sa'ad da ya kamata a isar da shi, ko an isar da shi da ƙari ko ragi, ko an kai shi ga wanda ba ya bukata aka bar mai bukata, to, an ci amana, wani lokaci kuwa rayukan mutane ne ke tafiya a kan haka. Abin da ya auku a Bagega da ƙauyukan ƙasar Anka da Bukkuyum, tun daga shekarar 2010, watau 1431 ta Hijira, ya isa hujja a kan wannan magana. Mutane da yawa sun ji labarin gubar dalma da ta kashe yara a can, amma kaɗan ne suka tsaya suka duba yadda labarin kansa ya yi tafiya, inda ya makara, da inda ya yi amfani.

YADDA LABARI KE TAFIYA TUN DĀ

Ƙasar Zamfara ba ta taɓa rasa hanyar jin labari ba. Sarki yana da mai shela da 'yan aike, hakimi yana da dagatai da masu unguwanni. Fatake suna tashi daga Gummi su ratsa Bukkuyum da Anka su nufi Gusau, kowace kasuwa suka ci sai su sauke labari tare da kaya, su ɗauki wani. Liman yana sanar da jama'a bayan salla, malamai kuwa suna aika wa juna wasiƙu da Ajami. Tun ƙarni na 19 Nana Asma'u 'yar Shehu, wadda ta rasu a 1864, ta shirya jajoji da 'yan taru domin karatu ya isa ga matan ƙauye a cikin gidajensu, gama ta gane abin da aka faɗa a zaure ba kullum yake isa tsakar gida ba.

Sa'an nan jarida ta zo. A watan Janairu na 1939 aka fara buga Gaskiya Ta Fi Kwabo a Zariya, Malam Abubakar Imam ne editanta na Hausa. Ba a daɗe ba aka lura masu karatun Ajami sun fi masu karatun boko yawa nesa, sai aka riƙa saka wata 'yar takarda ta Ajami a cikinta, ana ce da ita 'Yar Gaskiya. A shekarun 1950 kuma aka yi jaridun larduna, Zaruma ta Lardin Sakkwato, Himma ta Katsina, Sodangi ta Kano, da sauransu. Ƙarfin waɗannan jaridu yana cikin wasiƙun masu karatu da labarun garuruwa: mutum ya rubuto gadar garinsu ta karye, ko rijiya ta ƙafe, ko annoba ta shigo, a buga, hukuma ta gani, maƙwabta su ji. Jaridun larduna ba su yi tsawon rai ba. Rediyo ya karɓi filin, sashen Hausa na BBC a 1957, Rediyon Kaduna a 1962, daga baya gidajen rediyon jihohi. Da haka manomin Bagega ya wayi gari yana jin abin da aka yi a Landan da Alƙahira tun kafin ya karya kumallo, amma abin da aka yi jiya a Dareta sai ranar kasuwa, in ma an faɗa.

ZINARIYA DA DALMA

An daɗe da sanin akwai zinariya a ƙasar Anka, an haƙe ta tun zamanin Turawa. Amma wajen 2009 da 2010 kuɗinta ya hau ƙwarai a kasuwannin duniya, har oza ɗaya ta wuce dalar Amurka 1,000, sai manoma da yawa suka koma ramuka da rani. Suna fasa dutse su ɗauko shi cikin buhuna su kawo gida. Mata su daka a turmi, a kai injin niƙa irin wanda ake niƙa hatsi da shi, a wanke garin a bakin rijiya ko tafki, a kama zinariyar da zaiba, a shanya sauran a tsakar gida inda ake shanya gero. Abin da ba a sani ba shi ne, jijiyar dutsen da aka tarar a wannan karo cike take da dalma.

Dalma ba ta da wari, ƙurarta kuma ba ta bambanta da ƙurar gari ga mai kallo. Yaro mai rarrafe yana dafa ƙasa ya kai hannu baki, jikinsa kuwa yana shan dalma fiye da jikin babba, ƙwaƙwalwarsa kuma ba ta gama ginuwa ba. In ta yi yawa a jini sai amai da ciwon ciki, sa'an nan jijjiga da suma, sa'an nan mutuwa. Wanda ya tsira yana iya tashi da makanta ko shanyewar gaɓa ko raunin fahimta, irin wanda malamin allo zai gani bayan shekaru, yaro yana wanke allo ɗaya wata da watanni bai riƙe ba.

Alama ta fara bayyana ga agwagi, suka riƙa mutuwa a ƙauyuka, ba wanda ya ɗauke ta a bakin komai. Kukan kurciya jawabi ne, mai hankali ke ganewa. Daga nan sai yara. Waɗansu suka ce zazzaɓin cizon sauro ne, waɗansu suka ce sanƙarau, waɗansu suka ce iska. Kowane ƙauye yana binne nasa yana haƙuri, bai san maƙwabcinsa ma haka yake binnewa ba. A watan Maris na 2010 ma'aikatan ƙungiyar likitoci ta MSF, waɗanda suka fito neman masu sanƙarau, suka ji labarin yawan mutuwar yara, suka ga sababbin ƙananan kaburbura, suka ba da maganin zazzaɓi da na sanƙarau bai yi aiki ba. Da aka aika da jinin yaran Turai aka auna, sai ga dalma. A watan Mayu masana suka zo daga hukumar yaƙi da cututtuka ta Amurka, suka bi gida gida a Dareta da 'Yargalma. Suka ƙidaya yara 463 'yan ƙasa da shekara 5, suka tarar 118 daga cikinsu sun rasu a cikin shekara guda, watau ɗaya cikin kowane huɗu. A waɗansu wurare ƙasar da aka auna ta wuce kashi 100,000 cikin miliyan na dalma, alhali iyakar da Amurka ta sa wa wurin wasan yara a lokacin kashi 400 ce.

Sai a farkon watan Yuni na 2010 Ma'aikatar Lafiya ta Tarayya ta bayyana wa duniya cewa mutum 163 sun rasu, 111 daga ciki yara ne. Daga baya aka ƙiyasta yaran da suka rasu sun kai 400 ko fiye.

INDA LABARI YA MAKARA

Duk mai lura zai ga labari ya makara a wuri uku.

Na farko, bai fita daga ƙauye da wuri ba. Ba jaridar da ke da wakili a Dareta ko Abare ko Bagega. Wakilan jaridu da na rediyo suna zaune a Gusau, kusa da gidan gwamnati, inda ake taro ana ba da takardar sanarwa. Hanyar ƙauyukan kuwa ba kwalta, da damina rafuka kan yanke ta. Ba kuma littafin da ake rubuta haihuwa da mutuwa a ciki, balle wani ya haɗa lissafin ƙauye biyar ya ga abin ya wuce ƙa'ida. Liman ya san yawan gawar da ya sallata, mai haƙa kabari ya sani, mai sayar da alawayyo a kasuwa ya ga likkafanin yara ya yi kasuwa. Kowa yana riƙe da guntunsa, ba a sami mai tarawa ba.

Na biyu, da labari ya fita, bai komo ta hanyar da za ta isa ga masu bukatarsa ba. Jaridun Turanci na Legas da Abuja da na ƙasashen waje sun buga shi, amma wa ke karanta su a Tungar Daji? Gidajen rediyon Hausa sun faɗa, wannan kuwa ya yi amfani, sai dai labarin rediyo minti biyu ne ya wuce, ya faɗi yawan waɗanda suka mutu, ba ya tsayawa ya koya wa uwa yadda za ta raba ɗanta da ƙura. Waɗanda ke daka dutse mata ne a cikin kulle. Saƙo bai kai gare su sosai ba sai da sarakuna da hakimai da limamai suka sa baki aka fitar da niƙa da wanki bayan gari, aka kuma sami mata ma'aikata suna shiga gida gida suna bayani. Hanyar jajojin Nana Asma'u ce aka koma wa bayan shekara 150.

Akwai kuma wani abu da ya wajaba a faɗa. A waɗansu ƙauyuka mutane sun ɓoye yawan yaran da suka rasu, domin tsoron kada hukuma ta hana haƙar zinariya. Kada mai karatu ya yi gaggawar zarginsu. Mutumin da gonarsa ba ta ciyar da shi shekara, ya sami abin da ya saya masa babur da kwanon rufi, in baƙo ya zo da mota da na'urar ɗaukar hoto yana tambayar kaburbura, me zai zata? Ya san baƙon zai koma da yamma, abin da ya biyo baya kuwa shi zai zauna da shi. Mai ɗaukar labari ɗan gari, wanda aka san ubansa, wanda za a gamu da shi a masallaci gobe, shi ne ake gaya wa gaskiya, domin an san ba zai sayar da garin ba, kuma an san inda za a same shi in ya yi ƙarya.

SHEKARA UKU BAGEGA TANA JIRA

Wuri na uku shi ne bin alkawari, nan kuwa labarin Bagega ya bambanta da na sauran.

Daga tsakiyar 2010 zuwa farkon 2011 aka share ƙauyuka bakwai: Dareta, Abare, Sunke, Tungar Daji da Duza a ƙasar Anka, 'Yargalma da Tungar Guru a ƙasar Bukkuyum. Wani kamfanin Amurka mai suna TerraGraphics da cibiyar Blacksmith da ma'aikatan jihar Zamfara suka jagoranci aikin, samarin ƙauyukan suka yi shi da fartanya da shebur da baro. Ana kankare saman ƙasar gida da ta lungu, a kai ta rami mai nisa a binne, a kawo ƙasa mai tsabta a shimfiɗa. Bayan haka likitoci su ba yara wani magani mai kama dalma a jini ya fitar da ita ta fitsari.

Bagega ta fi waɗannan ƙauyuka girma, mutanenta dubbai ne, kuma ita ce matattarar niƙa da cinikin dutse a yankin. Kuɗin da aka samu bai kai gare ta ba. Likitoci kuwa suka ce ba za su fara ba da magani ba sai an share garin, domin yaron da aka wanke wa jini ya koma rarrafe a kan ƙasar da ta cuce shi, kamar zuba ruwa ne a kwando. Aka ƙiyasta yara wajen 1,500 ne ke jiran magani a can. Manyan jaridun duniya kuwa sun riga sun ɗauke kai sun bi waɗansu labarai.

A watan Fabrairu na 2012 ƙungiyar kare haƙƙin ɗan Adam ta Human Rights Watch ta fitar da rahoto da hotuna a kan halin da ake ciki. A watan Mayu na shekarar aka yi babban taro a Abuja, ministocin da aka gayyata ba su halarta da kansu ba. Gwamnatin Tarayya ta yi alkawarin naira miliyan 850 domin share gari da magani da koya wa mahaƙa hanyar aiki mai aminci. Damina ta zo ta wuce, kaka ta wuce, kuɗi bai fito ba.

A nan ne waɗansu samari, Hamzat Lawal da Oludotun Babayemi da abokan aikinsu, suka kafa wani shiri da suka kira Follow The Money, watau bin sawun kuɗi. Ba jarida gare su ba, amma aikin jaridar gari suka yi. Suka tafi Bagega da ƙafarsu, suka zauna da mutane, suka ɗauki maganarsu da hotunansu, suka riƙa tambaya guda ɗaya a Twitter da Facebook da gidajen rediyo: ina kuɗin Bagega? Jama'a da ƙungiyoyi suka taya su, har aka cika shafin Shugaban Ƙasa Goodluck Jonathan da wannan tambaya. A watan Janairu na 2013 Sanata Bukola Saraki, shugaban kwamitin muhalli na Majalisar Dattawa a lokacin, ya je Bagega ya gani da idonsa. Kafin watan ya ƙare aka ba da umurnin sakin kuɗin. Aka fara share garin a cikin ranin nan, likitoci suka fara ba da magani a watan Afrilu unguwa bayan unguwa, aikin share ƙasa ya ƙare a cikin daminar shekarar.

Dubi wannan da kyau. Ilmin cutar ya samu tun 2010, maganinta yana hannu, masu aikin suna nan, alkawarin kuɗi ma an yi. Abin da ya rage shi ne wanda zai tsaya a kan labarin kullum, ya ƙi barinsa ya mutu. Da aka same shi, abin da ya gagara wata da watanni ya yiwu cikin 'yan makonni.

ABIN DA YA BIYO BAYA

A 2015 irin wannan annoba ta ɓulla a yankin Shikira, cikin ƙaramar hukumar Rafi ta jihar Neja, yara 28 suka rasu. Da labarin Zamfara ya zauna a kunnen mahaƙa da harshensu, yana yawo daga rami zuwa rami kamar yadda kuɗin giram ke yawo, da wataƙila an rage asara. Daga baya fitinar 'yan bindiga ta rufe yammacin Zamfara, zuwa ƙauyukan Anka da Bukkuyum da Gummi ya zama kasada ga kowa, har da masu ɗaukar labari. A watan Afrilu na 2019 Gwamnatin Tarayya ta hana haƙar ma'adinai a jihar, ba a ɗage hanin ba sai Disamba 2024. A watan Satumba na 2021 aka yanke layukan waya a jihar baki ɗaya aka kuma rufe kasuwannin mako saboda tsaro, sai ƙauyuka suka yi makonni ba mai jin ɗuriyarsu, tsohuwar hanyar labari da sabuwa duka sun toshe a lokaci guda. A farkon 2022 MSF ta miƙa aikin gubar dalma ga hukumomin jihar, bayan ta auna jinin yara fiye da 8,000 cikin shekara 11.

Dalma kuwa ba ta ruɓewa kamar taki. Inda ta zuba tana nan har sai an kwashe ta, kuma buhu ɗaya na dutse da aka shigo da shi gida da dare ya isa ya mayar da aikin shekara baya.

ABIN DA YA RATAYA A WUYAN KOWA

Malamai sun gaji ilmin tantance labari. Magabata ba su karɓi ruwaya ba sai sun san wanda ya faɗa, daga wa ya ji, ko ya gani da idonsa, ko an san shi da gaskiya da kiyayewa. Wannan ma'auni shi ne ake bukata yau da waya ke kawo gaskiya da ƙarya a jaka ɗaya. Liman da ya ajiye ɗan littafi ya riƙa rubutawa da Ajami, ranar kaza an sallaci yaron gidan kaza, shekararsa kaza, ciwonsa kaza, ya yi wa garinsu aikin da ba a yi wa Dareta ba. In ya ga lissafin wata ɗaya ya wuce na bara, ya kai wa dagaci da ma'aikacin asibiti, ya kuma tambayi limamin ƙauyen gaba ko haka abin yake a wurinsu. Haƙuri da ƙaddara bai hana bincika sababi ba.

'Yan kasuwa su ne jaridar ƙauye tun kafin a san injin buga takarda. Wanda ke cin kasuwar Bagega da ta Anka da ta Gummi a mako guda ya fi kowane wakili jin abin da ke gudana. In ya kai labarin kuɗin masara da na giram ɗin zinariya, ya haɗa da wannan: kada a shigo da dutse ko garinsa cikin gida, kada a niƙa hatsi da injin da ya niƙa dutse, a jiƙa dutse da ruwa wajen niƙa domin ƙura ta kwanta, mahaƙi ya yi wanka ya sake tufafi da takalmi kafin ya shiga gida ya ɗauki ɗansa, buhun dutse kada ya koma buhun hatsi ko shimfiɗa, yara da masu ciki su nisanci wurin aiki, yaron da aka ga yana jijjiga a kai shi asibiti a kuma faɗi aikin da ubansa ke yi.

Masu jarida da rediyo kuwa, haƙƙin da ke kansu ya fi nauyi. Su nemi amintattun mutane a gundumomi, ko malamin makaranta ko ɗan kasuwa mai iya rubutu, su riƙa karɓar wasiƙunsu kamar yadda Gaskiya Ta Fi Kwabo ta yi a zamaninta. Su buga abin da ya shafi lafiya da rai da rubutun da dattijon ƙauye da matar kulle suke karantawa. In hukuma ta yi alkawari su rubuta ranar da adadin, su komo bayan wata uku su tambaya, su sake komowa bayan wata shida. Su tuna kuma mutanen da suke ɗaukar labarinsu maƙwabta ne masu mutunci, a nemi izninsu kafin a ɗauki hoton marasa lafiyarsu, a faɗi talaucin da ya kai su rami tare da faɗin cutar da ramin ya kawo.

Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo, amma in bai faɗa ba, ko ya faɗa ba a kai maganarsa gaba ba, ɗakin zai rushe a kan 'ya'yansa. Yaran da aka yi wa magani a Bagega a 2013 yanzu sun tasa, waɗansu suna gona, waɗansu suna makaranta, waɗansu kuwa sun isa shiga rami da kansu. Su ne suka fi kowa cancantar a karanta musu wannan labari.

Allah ya ji ƙan yaran da suka rasu, ya ba iyayensu ladan haƙuri, ya ba marasa lafiya sauƙi, ya zaunar da ƙasar Zamfara lafiya. Amin.